Gaba Kura, Baya Sayaki: Katar da Maƙwabtanta Tsakanin Saudiyya da Iran

Tambaya: Malam, tun ina yaro nake sauraron labaran Gabas ta Tsakiya a rediyo, amma lamarin Katar ya ɗaure mini kai. Sojojin Amurka suna ƙasarta, shugabannin Hamas suna ƙasarta, Taliban sun buɗe ofis a can, tana ɗasawa da Iran, alhali tana ƙungiyar ƙasashen Tekun Fasha ɗaya da Saudiyya. Wannan ba fuska biyu ba ne? Me ya hana ta zaɓi ɓangare ɗaya ta tsaya a kansa?

Amsa: Ɗan'uwa, Allah ya ƙara basira. Na daɗe ina koyar da darasin hulɗar ƙasa da ƙasa, kuma da wuya zango ya ƙare ba wani ɗalibi da ya yi mini wannan tambaya, wani ma da kalmar da ta fi taka zafi, ya ce munafunci ne. Abin da nake fara ce musu shi ne, mai fuska biyu ɓoyewa yake yi. Ya je wa wannan ya ce ni naka ne, ya je wa wancan ya ce ni naka ne, kowannensu bai san da ɗayan ba. Katar ba ta ɓoye komai ba. Iran ta san inda sansanin Amurka yake. Amurka ta san unguwar da 'yan Hamas suke zaune. Kowa yana kallon kowa, kuma galibinsu sun fi son a bar abin a haka. To, sai mu nemi dalilin a wani wuri.

Ɗauko taswira ka duba. Katar tamkar ɗan yatsa ce da ya miƙe cikin Tekun Fasha. Faɗinta murabba'in kilomita 11,500 da 'yan kai, wato kaɗan ta haura rabin jihar Kano. Mazaunanta kusan miliyan 3 ne, amma 'yan ƙasa na asali ba su wuce wajen 300,000 ba, sauran duk baƙi ne da aiki ya kawo. Ruwa ya kewaye ta ta fuska uku. Fuska ta huɗu Saudiyya ce, kuma ƙofar mota ɗaya tak ke tsakaninsu. In ka tsallake ruwan ta arewa, ga Iran nan da mutum kusan miliyan 90. Sannan ga abin da ya fi komai ɗaure Katar: arzikinta iskar gas ce da ke kwance a ƙarƙashin teku, rumbun gas mafi girma a duniya, wanda aka gano a 1971. Rumbun nan guda ne, amma iyakar ruwa ta raba shi. Kusan murabba'in kilomita 6,000 yana ɓangaren Katar, 3,700 yana ɓangaren Iran. Daga rijiya ɗaya suke ɗiba. Kuma duk jirgin da ya yi lodin gas a tashar Ras Laffan, ba shi da wata hanyar fita duniya sai mashigin Hormuz, wanda gaɓarsa ta arewa ke hannun Iran. Ka ga ke nan wani kaso na abincinta yana shigowa ta ƙofar wannan maƙwabci, kuɗinta yana fita ta ƙofar wancan, kuma maƙwabtan biyu ba sa ga maciji tun juyin juya halin Iran na 1979. Duk wanda ta ce ta bi, ɗayan yana da abin shaƙe ta.

Amma taswira kaɗai ba za ta gamsar da kai ba sai ka san abin da ya sami Kuwait, domin shi ne tabon da duk ƙananan masarautun yankin suke shafawa har yau.

Kuwait ta sami 'yanci daga Birtaniya a watan Yunin 1961. Ba a yi mako guda ba shugaban Iraki na lokacin, Abdulkarim Kasim, ya ce ai yankin ƙasarsa ce. Sai da sojojin Birtaniya suka dawo, daga baya na Ƙungiyar Ƙasashen Larabawa suka canje su. Tun daga nan Kuwait ta zaɓi hanyarta: kyauta da lallashi. Ta yi ta bai wa ƙasashen Larabawa tallafi, ta ƙulla hulɗa da Tarayyar Sobiyat tun 1963 lokacin da sauran masarautun ke gudun hakan, ta kuma ƙi yarda wata babbar ƙasa ta kafa sansani a cikinta. Da yaƙi ya ɓarke tsakanin Iran da Iraki a 1980, sai ta ga Iran ce babbar barazana, ta ranta wa Saddam Husaini kimanin dala biliyan 14, ta bar kayan yaƙinsa suna bi ta tasharta. Iran kuwa ta shiga kai wa jiragen dakon manta hari.

A nan Kuwait ta yi wata dabara da nake so ka lura da ita. Ta nemi kariya daga Amurka, ta kuma nemi ta Sobiyat a lokaci guda. Amurka ta tsaya jan ƙafa, har sai da ta ji Moscow ta yarda ta ba da hayar jiragen dakon mai guda uku. Nan take Washington ta amince a kafa wa jiragen Kuwait 11 tutar Amurka, jiragen yaƙinta suka fara yi musu rakiya a 1987. Ba ƙaunar Kuwait ce ta motsa Amurka ba, kishin kada abokiyar gabarta ta sami gindin zama a Tekun Fasha ne. Ƙaramar ƙasa ta mai da gabar manya abin dogaro.

Sai dai dabarar ba ta hana abin da ke tafe ba. Yaƙi ya ƙare a 1988, Iraki ta fito da bashi har wuya. Saddam ya nemi a yafe masa, ya zargi Kuwait da cika kasuwa da mai har farashi ya karye, ya ce tana satar man filin Rumaila. Ranar 2 ga Agustan 1990 sojojinsa suka tsallaka iyaka, kwana biyu suka gama da ƙasar. Sarki Jabir al-Ahmad ya fice zuwa Saudiyya, aka kashe ƙanensa Fahad a bakin fada, kafin watan ya ƙare Iraki ta ce Kuwait ta zama lardinta na 19. Wanda aka ciyar shi ya yi cin. Ƙungiyar haɗin kan ƙasashen Tekun Fasha, wadda aka kafa a 1981 domin irin wannan rana, ba ta iya tare ko tanka ɗaya ba. Abin da ya dawo da Kuwait abu uku ne: kujerarta a Majalisar Ɗinkin Duniya, man da manyan ƙasashe ba za su yarda ya taru a hannun mutum ɗaya ba, da dukiyar da ta daɗe tana ajiyewa a ƙasashen waje tun 1953, wadda da ita gwamnatin gudun hijira ta riƙe jama'arta daga birnin Ɗa'if, ta kuma biya kaso mai tsoka na kuɗin yaƙin. Ƙasashe sama da 30 suka haɗu, har da Jamhuriyar Nijar da ta tura 'yan ɗaruruwan sojoji Saudiyya a zamanin Janar Ali Saibou. A ƙarshen Fabrairun 1991 aka kori Iraki, ta bar rijiyoyin mai sama da 600 suna ci da wuta. A watan Satumban shekarar Kuwait ta sa hannu a yarjejeniyar tsaro da Amurka, abin da ta yi shekara 30 tana gudu.

Yariman Katar mai jiran gado, Hamad bin Khalifa, yana kallon duk wannan, kuma in gemun ɗan'uwanka ya kama da wuta, shafa wa naka ruwa. Shi ba Iraki ce a ƙofarsa ba, Saudiyya ce, kuma bai daɗe yana jira ba. A watan Satumban 1992 aka yi arangama a wani wurin tsaron iyaka da ake kira Khafus, aka kashe sojojin Katar biyu. A 1995 Hamad ya karɓe mulki daga hannun mahaifinsa yana ƙasar Suwizalan. A Fabrairun 1996 aka yi yunƙurin mai da tsohon sarkin, bai yi nasara ba, kuma Doha, babban birnin Katar, ta zargi maƙwabtanta da hannu a ciki. Daga nan ne za ka gane duk abin da ya biyo baya. Mahaifinsa ya yi zamansa a inuwar Saudiyya, ba ya ɗaga murya. Shi kuwa ya yanke shawarar cewa ƙasar da duniya ba ta san da ita ba, in an haɗiye ta ba mai jin ihunta.

A shekarar 1996 kaɗai ya yi abubuwa huɗu. Ya buɗe tashar Al Jazeera, wadda ta sa sunan Katar ya shiga kowane gida na Larabawa. Ya kashe sama da dala biliyan 1 ya gina sansanin jiragen sama na Al Udeid, a lokacin da jiragen yaƙin ƙasarsa ba su taka kara sun karya ba, domin ba don su aka gina shi ba: ɗaki ne aka share ana jiran baƙo. Ya bar Isra'ila ta buɗe ofishin kasuwanci a Doha, wanda aka rufe a 2009. A ƙarshen shekarar kuma jirgin farko na gas ya tashi zuwa Japan. Baƙon ya iso kuwa. A 2003, da zaman sojojin Amurka a Saudiyya ya zame wa masarautar ƙaya, sai aka kwaso cibiyar sarrafa yaƙin sama ta yankin daga can aka kawo Al Udeid, inda daga baya sojoji kusan 10,000 suka zauna.

Kada ka raina batun gas ɗin, don shi ma tsaro ne. Katar ba ta haƙa ita kaɗai ba, ta shigo da manyan kamfanonin Amurka da Faransa da Birtaniya da Italiya a matsayin abokan hannun jari. Ta sayar bisa kwangila mai tsawon rai: Japan, Koriya ta Kudu, Indiya, Birtaniya, sannan a 2022 ta ƙulla ta shekara 27 da China, ta shekara 15 kuma domin Jamus. Ribar ta zuba a kamfanoni da gine-ginen Turai. Ma'anarsa ita ce, ranar da wani ya taɓa Katar, wutar lantarki za ta yi rawa a Tokyo da Seoul, masu hannun jari su shiga damuwa a Landan da Paris. Mutum 300,000 ba za su iya tara rundunar da za ta tare Saudiyya ko Iran ba ko da sun sayi duk makaman duniya. Abin da za su iya shi ne su sa mutane da yawa su yi asara in an taɓa su.

Ofisoshin da ka ambata ma daga wannan tukunyar suka fito. Manyan ƙasashe suna rantsuwa a bainar jama'a cewa ba za su zauna da wane ba, amma ranar da aka kama ɗan ƙasarsu, ko suka gaji da yaƙi, dole su nemi mai kai saƙo. Ofishin Taliban da aka buɗe a 2013 da sanin Amurka aka buɗe shi, kuma a Doha aka sa hannu a yarjejeniyar 29 ga Fabrairun 2020 da ta share hanyar ficewar sojojinta daga Afganistan. Game da ofishin Hamas na 2012, jami'an Katar sun sha cewa Amurka ce ta nemi a sami wannan kafa. Sulhun 'yan siyasar Labanon na 2008, takardar zaman lafiyar Darfur ta 2011, yarjejeniyar da gwamnatin riƙon ƙwaryar Chadi ta ƙulla da ƙungiyoyin tawaye kusan 40 a Agustan 2022, musayar fursunoni tsakanin Amurka da Iran a 2023, duk a wannan zaure aka yi su. Wasu sun ɗore, wasu sun watse tun tawada ba ta bushe ba. Amma kowannensu ya ƙara wa Katar wani da zai ɗaga waya in ta kira.

Yanzu bari in faɗi inda nake ganin laifinta, don ba kare ta nake yi ido rufe ba. Daga 2011 zuwa 2013 Katar ta manta girman jikinta. Da guguwar sauyi ta taso a ƙasashen Larabawa, sai ta ajiye rigar mai shiga tsakani ta shiga fage da kanta. Ta tura jiragen yaƙi da makamai Libiya, ta ɗauki nauyin 'yan tawaye a Siriya, ta zuba biliyoyin daloli a gwamnatin Muhammad Mursi ta Masar, ta yi caca cewa 'yan ƙungiyar 'Yan'uwa Musulmi ne za su gaji yankin. Mai raba faɗa in ya ɗauki sanda ya zama ɗan faɗa. Libiya da Siriya sun sha wuyar da ba ta misaltuwa, kuma duk ƙasar da ta zuba makami a can tana da kason alhakinta, Katar na ciki. A Yulin 2013 sojoji suka kifar da Mursi, kwana kaɗan bayan Hamad ya miƙa mulki ga ɗansa Tamim mai shekara 33. Yaron ya gaji gaba da ba shi ya ƙulla ba. A Maris na 2014 Saudiyya da Haɗaɗɗiyar Daular Larabawa da Bahrain suka janye jakadunsu na wata takwas. Wannan gargaɗi ne kawai.

Ranar 5 ga Yunin 2017, ana cikin azumi, ƙasashen nan uku tare da Masar suka yanke hulɗa da Katar, suka rufe mata sama da teku da ƙasa. Kusan kashi 40 cikin 100 na abincinta ta waccan ƙofa ɗaya yake shigowa. Aka bai wa 'yan Katar kwana 14 su bar ƙasashen. Ka tuna mutanen nan dangi ne, ƙabila ɗaya iyaka ta ratsa: mata da miji suka rabu, ɗalibai suka bar karatu ana dab da jarrabawa, aka koro dubban raƙuma daga makiyayar Saudiyya, alhazan Katar suka ragu ƙwarai a shekarar. Wanda ya zauna a Maraɗi ko Konni ko Jibiya lokacin da aka rufe iyaka a 2023 ya san yadda irin wannan hukunci yake faɗawa kan talaka kafin ya kai ga mai mulki. Sai aka miƙa sharuɗɗa 13, aka ba da kwana 10: a rufe Al Jazeera, a rufe sansanin sojan Turkiyya, a rage hulɗa da Iran, a yanke alaƙa da 'Yan'uwa Musulmi, a biya diyya, a yarda a riƙa zuwa ana bincike. Duk wanda ya karanta su ya san ba gyaran hali ake nema ba, miƙa wuya ake nema.

A nan ne ƙofofin da kake kira fuska biyu suka yi ranarsu. Cikin kwana biyu majalisar Turkiyya ta amince a tura sojoji. Iran ta buɗe sararin samaniyarta, wanda in ba shi ba jiragen Katar ba su da hanyar fita, ta kuma aiko da kayan abinci. Oman ta ba da tashoshinta na Sohar da Salalah. Aka yi jigilar dubban shanun tatsa ta jirgin sama. Shugaba Trump ya fara nuna goyon baya ga masu ƙawanyar, amma ministocinsa na tsaro da na harkokin waje suka ja birki, domin daga Al Udeid ake tafiyar da yaƙi da ISIS a lokacin, kuma kafin kwana 10 su cika aka sa hannu a cinikin jiragen yaƙi na dala biliyan 12 tsakanin Amurka da Katar. Sarkin Kuwait, Sabah al-Ahmad, dattijo mai shekara 88 wanda shi ne ministan harkokin waje ranar da Saddam ya shigo, ya yi ta zirga-zirga tsakanin biranen, daga baya ya faɗa a Washington cewa an dai samu an hana a kai ga amfani da soja. Wani abu kuma da ba a cika ambata ba: duk tsawon rikicin Katar ba ta rufe bututun da ke kai wa Daular Larabawa gas ba, alhali tana iyawa. Ta san ranar da ta mai da gas makami, masu saye a Asiya da Turai za su daina amincewa da alkawarinta.

Rikicin ya matse wasu ƙananan ma da ba su ji ba ba su gani ba. Muritaniya ta yanke hulɗa da Katar, Nijar da Senegal suka kira jakadunsu gida, Chadi ta rufe ofishin jakadancin Katar. Senegal ta mai da nata bayan 'yan watanni, Chadi ta shirya da Doha a farkon 2018. Su ma lissafin wa ke ba da tallafi, wa ke riƙe da hanyar Makka suka yi.

A Janairun 2021 aka sulhunta a garin Al-Ula na Saudiyya. Al Jazeera ba ta rufe ba, sojojin Turkiyya ba su fita ba, jakadan da Katar ta janye daga Tehran a 2016 don nuna zumunci ga Saudiyya kuwa tuni ya koma tun Agustan 2017. Ƙawanyar da aka yi don raba ta da Iran ita ta ƙara tura ta can. Amma Katar ma ta koyi darasi: ta sassauta murya, ta koma sana'arta ta shiga tsakani.

Ka tambaya me ya hana ta zaɓi ɓangare. Akwai wadda ta zaɓa, ita ce Bahrain, kuma ban ga laifinta ba, domin zaɓin nata ƙanƙane ne. Tsibiri ne da bai kai murabba'in kilomita 800 ba, Iran ta daɗe tana iƙirarin mallakarsa har zuwa 1970, sarakunansa Sunni ne, akasarin 'yan ƙasa kuma Shi'a. Gada mai kilomita 25 ta haɗa ta da Saudiyya tun 1986, mafi yawan man da take sayarwa daga filin Abu Safah yake wanda suke tarayya da Saudiyya. Da zanga-zanga ta yi ƙamari a Maris na 2011, ta kan gadar nan sojojin Saudiyya kimanin 1,000 suka shigo. Da kuɗi suka ƙare a 2018, maƙwabta suka haɗa mata dala biliyan 10. Masarautar ta tsira, amma kowa ya ci ladan kuturu dole ya yi masa aski: da wuya ka ga matsayin Bahrain ya saɓa da na Saudiyya a kan wani babban lamari.

Wadda ni nake sara wa ita ce Oman, kuma ina jin takaicin yadda ba a cika koyar da labarinta ba. Sultan Qabus ya hau mulki a 1970 ana tsakiyar tawaye a yankin Dhofar, 'yan gurguzu ne da Yaman ta Kudu ke mara wa baya. Waɗanda suka taimake shi da gaske su ne Birtaniya, Jordan, da Iran ta zamanin sarkinta Shah, wadda ta turo dubban sojoji daga 1973. Tawayen ya ƙare a 1975. Da aka kifar da Shah, Qabus bai juya wa Iran baya ba, domin a ganinsa ƙasa ce ta taimake shi, ba mutum ɗaya ba, kuma gaɓar kudu ta mashigin Hormuz tasa ce, dole su yi gadin ƙofa ɗaya tare. Ita kuwa Saudiyya, Omanawa ba su manta rikicin dausayin Buraimi na 1952 zuwa 1955 ba. Mazhabar Ibadiyya da gidan sarautar ke bi ita ma ta sa ba a iya jefa ƙasar cikin sahun Sunni ko na Shi'a kai tsaye.

Dubi yadda ta yi tafiyarta. Larabawa suka ƙaurace wa Masar a 1979 saboda sulhu da Isra'ila, Oman ba ta bi ba. A 1980 ta bai wa Amurka izinin amfani da sansanoninta, ba ta kuma rufe ƙofarta ga Tehran ba. A 2013 ta fito fili ta ce ba za ta shiga tarayyar da Saudiyya ke son a mai da ƙungiyar Tekun Fasha ba. A 2015 ita kaɗai a ƙungiyar ta ƙi shiga yaƙin Yaman tun daga farko. A Muscat, babban birninta, jami'an Amurka da na Iran suka yi ganawar sirri a 2012 da 2013, wadda ta haifar da yarjejeniyar nukiliya ta 2015. Bambancinta da Katar shi ne, Oman ba ta da tashar da ke tsokanar maƙwabta, ba ta ɗauki nauyin wata ƙungiya a ƙasar wani ba, ba ta neman a yaba mata. Shi ya sa ko waɗanda ke jin haushinta ba su sami hujjar yi mata ƙawanya ba. Rauninta aljihu ne. Manta bai kai na maƙwabta ba, bashi ya yi mata yawa a wajen 2020, kuma ƙasar da Sultan Haitham ya fara ziyarta bayan ya gaji Qabus ita ce Saudiyya, a 2021. Ina fatan buƙatar jari ba za ta ci wannan 'yancin kai da aka yi shekara 50 ana ginawa ba, domin yankin yana buƙatar gida ɗaya da kowa zai iya shiga ba tare da ya sunkuyar da kai ba.

Ba zan rufe maka gaskiya ba, wannan hanya ba laya ba ce, kuma shekarar 2025 ta nuna iyakarta. Oman ta shirya zama biyar tsakanin Amurka da Iran, ana saura kwana biyu a yi na shida a Muscat Isra'ila ta kai wa Iran hari ranar 13 ga Yuni. Amurka ta bugi cibiyoyin nukiliyar Iran, ita kuma ranar 23 ga wata ta rama a kan Al Udeid, wato a cikin ƙasar maƙwabciyar da ta ciyar a 2017. Ta ba da sanarwa tun kafin ta harba, ba a rasa rai ba, kuma Katar ɗin ce dai ta taimaka aka tsagaita wuta washegari. Ranar 9 ga Satumba kuma jiragen Isra'ila suka kai hari a cikin Doha a kan tawagar Hamas da ke nazarin tayin sulhu. Mutum shida suka mutu, ciki har da jami'in tsaron Katar. Cikin wata uku, ɓangarori biyu masu gaba da juna sun yi harbi a cikin ƙasa ɗaya, kuma sansanin da aka gina don ya zama garkuwa shi ya jawo harin farko, bai kuma hana na biyun ba.

Bayan kwana 20 firaministan Isra'ila ya kira takwaransa na Katar daga fadar White House ya ba da haƙuri, Trump kuma ya sa hannu a wani umarni da ke cewa Amurka za ta ɗauki hari a kan Katar a matsayin barazana ga tsaronta. Wannan umarnin shugaban ƙasa ne, ba yarjejeniyar da majalisar dattawa ta amince da ita ba, don haka wani shugaban yana iya soke shi da alƙalami ɗaya, kuma mutanen Doha sun san haka. Ba su kori Amurka ba, ba su kori Hamas ba, ba su rufe ofishin jakadancin Iran ba. A farkon Oktoba firaministansu, Muhammad bin Abdurrahman, yana birnin Sharm el-Sheikh na Masar tare da Masarawa da Turkawa da Amurkawa, ana kai saƙo tsakanin waɗanda suka kai harin da waɗanda aka kai wa, har aka tsagaita wuta a Gaza ranar 10 ga watan.